Kundin aiki: haɗa jerin littattafai kan zaluncin gwamnatoci

11 ga Janairu, 2025

Aikin da na sa a gaba shi ne haɗa jerin littattafai da rahotanni kan yadda gwamnatoci ke danne mutanensu, tun daga tsare mutum ba shari'a har zuwa azabtarwa da ɓatar da shi ba gawa ba labari. Kowanne zan rubuta masa taƙaitaccen bayani da Hausa: wa ya rubuta, wace ƙasa, me mai karatu zai tarar a ciki, kuma wa ya dace ya fara da shi. Waɗanda nake rubutawa dominsu su ne ɗaliban manyan makarantu, malaman sakandare, 'yan jarida masu tasowa, da duk mai sauraren labaran duniya a rediyo da yake son sanin abin da ke bayan kanun labarai.

Na gindaya wa kaina sharuɗɗa. Ba zan saka abin da ban karanta ba. Duk labarin da mutum ya ba da na kansa, sai na haɗa shi da rahoton bincike kan ƙasar, domin wanda aka azabtar ɗakinsa kawai ya gani, mai bincike kuma lissafi yake da shi, bai kwana a ɗakin ba. Sannan babu gwamnatin da za a ɗaga wa ƙafa.

Da Siriya na fara, tunda wata ɗaya ke nan da faɗuwar Bashar al-Assad, kuma kowa ya ga yadda iyalai suka cika kurkukun Sednaya suna tsintar takardu a ƙasa, suna neman sunan ɗa ko miji. Rahoton da Amnesty International ta fitar a Fabrairun 2017 ya ƙiyasta cewa an rataye mutum 5,000 zuwa 13,000 a wannan kurkuku tsakanin 2011 da 2015, bayan shari'ar 'yan mintoci a gaban kotun soja. A lokacin gwamnati cewa ta yi ƙarya ce. Na haɗa shi da Al-Qawqa'a na Mustafa Khalifa, ƙagaggen labari da ya gina a kan shekarun da ya yi a tsare zamanin Hafiz al-Assad, kuma yawancinsa a kurkukun Tadmur yake faruwa. Da Larabci aka rubuta shi, wanda hakan alheri ne gare mu, don masu karanta Larabci a cikinmu ba kaɗan ba ne.

2 ga Fabrairu, 2025

Na gama Nunca Más, rahoton hukumar da Shugaba Raúl Alfonsín ya kafa a Ajantina a Disambar 1983, bayan sojoji sun sauka daga mulkin da suka ƙwata a 1976. Marubuci Ernesto Sábato ne ya shugabance ta, kuma ta miƙa rahoto a Satumbar 1984. Ta tabbatar da ɓacewar mutum 8,961, ta kuma gano wuraren tsare mutane na sirri kimanin 340. Ƙungiyoyin kare haƙƙin ɗan'adam suna cewa adadin ya kai 30,000.

Idan mutum rahoto ɗaya tak zai karanta a rayuwarsa, wannan zan ba shi. Dalili kuwa shi ne ya nuna tsarin abin daki-daki. Mota ba lamba takan zo da dare, an riga an gaya wa 'yan sandan unguwa su kau da kai. A rufe wa mutum ido, a kai shi wurin da hukuma ta ce babu shi. Uwa ta je ofishin 'yan sanda a ce ba sa riƙe da shi, ta je bariki a ce ba su san shi ba, ta shigar da ƙara kotu alƙali ya tambayi hukumomi, kowacce ta amsa da cewa ba ya hannunta, a rufe fayil. Ba wanda ya ce an kashe shi, saboda haka ba zaman makoki, ba rabon gado, ba wanda za a tuhuma. Wasu an yi musu allurar barci an jefa su cikin teku daga jirgin sama. Mata masu ciki kuwa a bar su su haihu, a kashe su, a ba wasu jariran.

Abin da ya fi kama zuciyata shi ne cewa kafin a kafa hukumar, iyaye mata sun riga sun fara aikin. Tun Afrilun 1977 suke taruwa a dandalin Plaza de Mayo da fararen ɗankwali, kowacce riƙe da hoton ɗanta. An sace wasu daga cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar an kashe su a wannan shekarar, sauran ba su daina ba. Ƙungiyar kakanni kuma ta gano jikoki fiye da 130 ta hanyar gwajin ƙwayoyin halitta, mutanen da suka girma ba su san su waye iyayensu ba. A 1985 aka gurfanar da shugabannin sojan, Jorge Videla ya sha ɗaurin rai-da-rai.

Na ƙara Gwatamala a gefensa. Hukumar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta mara wa baya ta ce a 1999 an kashe ko an ɓatar da kimanin mutum 200,000, yawancinsu 'yan asalin ƙabilun Maya, kuma kashi 93 cikin 100 na laifukan jami'an gwamnati da 'yan barandansu ne suka aikata. Kafin wannan, cocin Katolika ta fitar da nata rahoton ranar 24 ga Afrilun 1998. Bayan kwana biyu aka kashe Bishop Juan Gerardi da ya gabatar da shi. Ina so mai karatu ya san kuɗin da aka biya kafin waɗannan shafuka su zo hannunsa.

15 ga Fabrairu, 2025

Ƙari a sashen Siriya. Mai ɗaukar hoto na 'yan sandan soja da aka daɗe ana kira Kaisar, wanda ya fitar da dubban hotunan gawarwakin fursunoni a 2013, ya bayyana kansa a wannan watan, sunansa Farid al-Madhan. Hotunansa na cikin hujjojin da kotun Koblenz ta Jamus ta duba kafin ta yanke wa Anwar Raslan, tsohon jami'in leƙen asirin Siriya, ɗaurin rai-da-rai a Janairun 2022. Na gyara bayanin.

1 ga Maris, 2025

Chadi. A nan na fi daɗewa, kuma ina ganin ya dace, don maƙwabtanmu ne, muna da 'yan'uwa a Njamena, amma da wuya ka ji an yi hirar abin da ya faru a can daga 1982 zuwa 1990.

Hissène Habré, shugaban ƙasar a lokacin, yana da 'yan sandan ciki da ake kira DDS, waɗanda kai tsaye gare shi suke kai rahoto. Ɗaya daga cikin kurkukunsu tsohon wurin ninƙaya ne na zamanin Turawa, aka rufe samansa da kankare aka yanka shi ɗaki-ɗaki a ƙarƙashin ƙasa. An bi mutanen kudu, an bi Hajarai, an bi Zagawa, kowace ƙabila da lokacinta. Hukumar binciken da aka kafa bayan faɗuwarsa ta ƙiyasta a 1992 cewa an kashe mutum 40,000. Duk tsawon wannan lokaci Amurka da Faransa suna ba shi makamai da kuɗi, saboda yana yaƙar Gaddafi.

Littafin da na zaɓa shi ne To Catch a Dictator na Reed Brody, lauyan da ya yi aiki da Human Rights Watch, wanda ya fito a 2022. Turancinsa mai sauƙi ne, yana tafiya kamar labarin farauta. Amma a bayanina na ja hankalin mai karatu kan 'yan Chadin da ke ciki, don su ne ƙashin bayan lamarin. Souleymane Guengueng ma'aikacin lissafi ne da aka tsare, ya yi wa Allah alkawari in ya fita da rai zai nemi haƙƙin waɗanda suka mutu a gabansa. Da ya fita ya bi waɗanda suka tsira ɗaya bayan ɗaya, ya tara bayanan ɗaruruwan mutane ya ɓoye. Lauya Jacqueline Moudeina kuwa an jefa mata gurneti a 2001, ta warke ta koma kan shari'ar.

A 2001 ɗin ne masu bincike suka shiga tsohuwar hedikwatar DDS suka tarar da takardu a warwatse a ƙasa cikin ƙura. Da aka tantance su, sai ga sunayen mutum 1,208 da aka kashe ko suka mutu a tsare, da 12,321 da aka ci zarafinsu. Azzalumar gwamnati takan rubuta komai, domin na ƙasa yana so ya nuna wa na sama ya yi aiki. Wannan takardar ce daga baya take zama shaida a kansu. Na ga haka a Siriya, na gani a Chadi, kuma ina sa ran sake gani.

Ranar 30 ga Mayun 2016 kotu ta musamman a Dakar ta yanke wa Habré ɗaurin rai-da-rai. Ya mutu a Agustan 2021. Shekara 25 da 'yan kai tsakanin faɗuwarsa da hukuncin, kuma da yawa daga cikin waɗanda suka fara neman haƙƙin ba su ga ranar ba.

Azumi ya kama, aikin zai ɗan ja baya.

22 ga Maris, 2025

Littattafai biyu daga Masar, na mata biyu da ba su yarda da juna a kan kusan komai ba. Zainab al-Ghazali ta rubuta Ayyam min Hayati kan kamun da aka yi mata a 1965 zamanin Jamal Abdul Nasir, tare da 'yan ƙungiyar Ikhwan. An yanke mata shekara 25, aka sake ta a 1971. Nawal El Saadawi, likita kuma mai fafutukar 'yancin mata, tana cikin mutum kusan 1,500 da Anwar Sadat ya sa aka kama a Satumbar 1981, kuma a kurkukun mata na Qanatir ta fara rubuta nata labarin a takardar bayan gida da abin zanen gira.

Na ajiye su kafaɗa da kafaɗa da gangan. Wanda ya zo neman ɗaya zai ga ɗayar.

12 ga Afrilu, 2025

Bayan Salla na ba wasu abokai daftarin farko, kuma martaninsu ya cancanci a rubuta shi. Wani ya ce in cire Siriya, wai farfagandar Turawan yamma ce. Wani ya ce me ya kawo Nawal cikin jerin da za a ba 'ya'yan Musulmi. Wata malama da nake girmamawa ta ce, "Malam, ina Falasɗinu? Ina Gwantanamo?" Tambayarta daidai ce, kuma suna cikin shirin tun farko. Amma na lura kusan kowa so yake jerin ya ƙunshi laifin waɗanda ba ya so kawai. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Ga abin da na saka a wannan makon. Guantánamo Diary na Mohamedou Ould Slahi, ɗan Muritaniya da Amurka ta tsare daga 2002 zuwa 2016 ba tare da an tuhume shi da komai a kotu ba. Da hannu ya rubuta shi a 2005, shafi 466, da Turancin da ya koya a tsare, kuma sai 2015 aka bari ya fito, bayan an shafe wurare fiye da 2,500 da baƙin tawada. Ina ba da shawarar a nemi wannan bugun mai baƙaƙen layuka, duk da cewa akwai cikakke na 2017, domin mai karatu ya ga hannun hukuma a kan shafin da idonsa. Abokin tafiyarsa shi ne taƙaitaccen rahoton majalisar dattawan Amurka na Disambar 2014 kan azabtarwar CIA, wanda cikakkensa mai shafi sama da 6,000 har yau a rufe yake.

Kan Falasɗinu na fara da rahoton da B'Tselem, ƙungiyar kare haƙƙi ta Isra'ila, ta fitar a Agustan 2024, mai ɗauke da shaidar Falasɗinawa 55 da aka tsare. Yana kuma bayanin tsarewar da ake sabunta wa mutum duk bayan wata shida a bisa hujjar da shi da lauyansa ba za su gani ba. A shafi na gaba na saka rahoton ofishin kare haƙƙin ɗan'adam na Majalisar Ɗinkin Duniya kan Musulmin Uyghur a yankin Xinjiang na ƙasar Sin, wanda aka saki ranar 31 ga Agustan 2022, mintoci kaɗan kafin wa'adin shugabar ofishin, Michelle Bachelet, ya ƙare. Ƙasashen Musulmi da dama ba su goyi bayan a tattauna shi a majalisar ba. Wannan ma na rubuta shi, don gaskiya ce.

Ban cire ko ɗaya ba.

3 ga Mayu, 2025

Sashen mulkin mallaka. Littattafai biyu da suka fito a 2005 kan Kenya zamanin dokar ta-ɓaci ta 1952 zuwa 1960: na Caroline Elkins kan sansanonin da Ingila ta tsare 'yan Kikuyu, da Histories of the Hanged na David Anderson, wanda ya bi takardun kotu ya nuna an rataye mutum 1,090. A sansanin Hola a 1959 an doke fursunoni 11 har lahira, aka fara cewa ruwa suka sha ya kashe su.

Darasin da ya shafe mu yana cikin abin da ya biyo baya. Da wasu tsofaffi 'yan Kenya suka kai ƙara Landan, sai a 2011 gwamnatin Ingila ta amsa cewa tana da dubban fayiloli a ɓoye a Hanslope Park, waɗanda aka kwashe daga ƙasashen da ta mallaka lokacin ba da 'yancin kai, ban da waɗanda aka ƙone. A 2013 ta biya fam miliyan 19.9 ga mutum 5,228. Cikin fayilolin akwai na Nijeriya. Duk ɗalibin tarihi da ke neman abin da zai yi bincike a kai, ga ƙofa a buɗe. Mu ma muna da Satiru, ƙauyen da ke kusa da Sakkwato da aka shafe a 1906 bayan boren da aka yi wa Turawa, inda masana tarihi ke ƙiyasta an kashe kimanin mutum 2,000. Yara nawa ne a makarantunmu suka taɓa jin sunan?

30 ga Mayu, 2025

Marubucin Kenya Ngũgĩ wa Thiong'o ya rasu shekaranjiya. Littafinsa Detained na 1981 dama yana cikin jerin, yau na sake rubuta bayaninsa. Ya daɗe yana sukar masu mulki da Turanci ba a taɓa shi ba. Da ya shirya wasan kwaikwayo da harshen Gikuyu tare da manoma da ma'aikata a ƙauyen Kamiriithu, sai aka kama shi a ƙarshen Disambar 1977, aka ajiye shi a kurkukun Kamiti kusan shekara ɗaya ba shari'a. Gwamnatin 'yan ƙasa ce ta yi wannan, ta Jomo Kenyatta, wanda shi kansa Turawa sun ɗaure shi. Abin da suka ji tsoro shi ne talaka ya ji maganar da harshensa. Wannan ya ƙara mini ƙwarin gwiwa kan yin bayanan nan da Hausa.

14 ga Yuni, 2025

Gida. Wannan sashen ya fi kowanne nauyi a hannuna.

The Man Died na Wole Soyinka, 1972, labarin wata 22 da ya yi a tsare lokacin yaƙin basasa, mafi yawa shi kaɗai a ɗaki a kurkukun Kaduna. Turancinsa yana da tauri, na gargaɗi mai karatu kada ya fara da shi. A Month and a Day na Ken Saro-Wiwa ya fi sauƙi. An rataye shi da 'yan'uwansa takwas na Ogoni ranar 10 ga Nuwambar 1995, zamanin Janar Sani Abacha. Shekaranjiya, a jawabin ranar dimokuraɗiyya, shugaban ƙasa ya sanar da yi musu afuwa, kuma masu goyon bayansu sun ce wanke su suke nema, don afuwa mai laifi ake yi wa. Na san akwai masu ƙaunar Abacha a Arewa da ba za su so wannan shafin ba. Sharaɗin da na sa a Janairu bai canza ba.

Mu ma mun yi hukumar bincike irin ta Ajantina. Obasanjo ya kafa ta a 1999 ƙarƙashin Mai Shari'a Chukwudifu Oputa, ta karɓi koke kimanin 10,000, aka nuna zamanta a talabijin, ta miƙa rahoto a Mayun 2002. Tsofaffin shugabannin soja uku, Buhari da Babangida da Abdulsalami, ba su bayyana a gabanta ba. Gwamnati ba ta taɓa buga rahoton a hukumance ba, ƙungiyoyin farar hula ne suka sake shi a intanet a 2005. A Ajantina rahoton ya zama littafin da ake saye a kasuwa, aka kai shi kotu. Namu kuwa yawancin 'yan ƙasa ba su san yana nan ba. Na saka shi tare da Witness to Justice na Matthew Hassan Kukah, wanda ya yi aiki a cikin hukumar.

Sai biyu na baya-bayan nan. Rahoton Amnesty na Yunin 2015 ya ce fiye da mutum 7,000 sun mutu a tsare a hannun sojoji a Arewa maso Gabas tun 2011, ya kuma ambaci barikin Giwa a Maiduguri. Rundunar soja ta musanta, na rubuta hakan. Na kuma rubuta cewa ta'asar Boko Haram ba ta da mai musu, kuma Amnesty ɗin ta yi rahoto a kanta. Amma matan da suka yi shekaru suna tambayar inda aka kai mazajensu da 'ya'yansu, tambayarsu ɗaya ce da ta matan Plaza de Mayo. Na biyu shi ne rahoton hukumar da gwamnatin Kaduna ta kafa kan abin da ya faru tsakanin sojoji da 'yan Shi'a a Zariya a Disambar 2015, inda jami'an jihar da bakinsu suka shaida an binne gawa 347 a rami ɗaya. Ba sai mutum ya yarda da aƙidar waɗanda aka kashe ba kafin ya karanta. Hukumar ta ba da shawarar a gurfanar da masu hannu a ciki.

5 ga Yuli, 2025

Rasha ta shiga: The Gulag Archipelago na Solzhenitsyn, wanda ya gina a kan shaidar mutum fiye da 200, aka buga a Faris a ƙarshen 1973, aka kore shi daga ƙasar a Fabrairun 1974. Yana da girma ƙwarai, taƙaitaccen bugu mai juzu'i ɗaya ya isa. Na ƙara bayani kan ƙungiyar Memorial da ta tara sunayen miliyoyin waɗanda aka zalunta zamanin Sobiyet, wadda kotun ƙolin Rasha ta rufe a Disambar 2021.

Kan Nijar na samu The Yearning for Relief na Klaas van Walraven, 2013, tarihin jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary, wadda aka haramta a 1959 aka murƙushe a shekarun 1960. Ya zagaya ya yi hira da tsofaffin 'yan jam'iyyar tun suna raye. A wannan gefen iyaka abin da ya yi kama da shi shi ne wahalar 'yan NEPU a hannun 'yan doka da kotunan En'e, da Hajiya Gambo Sawaba da aka ɗaure sau 16. Masu wannan labarin na ta ƙarewa. Na fara tuntuɓar wasu malaman tarihi ko za mu naɗi muryoyin waɗanda suka rage da 'ya'yansu, ya zama kashi na biyu na aikin.

Saura Gambiya, da rahoton hukumarta na 2021 kan mulkin Yahya Jammeh, sai Afirka ta Kudu, Maroko da kurkukun Tazmamart, Kambodiya, Iran, Sudan da Rohingya na Myanmar. Ina neman mai Faransanci mai ƙarfi da zai taya ni da na Maroko da La Question na Henri Alleg kan azabtarwar da sojan Faransa suka yi a Aljeriya. Ina so in fitar da kashi na farko kafin 30 ga Agusta, ranar tunawa da waɗanda aka ɓatar, a tsarin da zai buɗe a ƙaramar waya ba tare da cin data mai yawa ba. Gobe zan fara juzu'in farko na rahoton Gambiya.